Yatsu Biyu Bayan Layi

Zuwa ga Yaya,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kuma ciwon bayan nan da ka ambata ya sassauta. Mu nan sai godiya. Baba yana nan yadda ka sani. Hannun dama bai dawo ba, maganarsa kuma sai wanda ya saba da shi ke kamawa, wato ni, ni ɗin ma rabi da rabi. Amma kullum da safe sai an ɗaga shi an kai shi shago, an zaunar da shi a kujerarsa gefen teburin yanka. Ranar da aka bar shi a gida ba ya cin abinci.

Ba na son in dame ka, amma ba ni da wanda zan dama sai kai. Ruwan da aka yi kwanakin baya ya sami hanya ta rufin shago, daidai saman ƙusoshin da Baba ke rataye kwalayensa. Ka san su, kwalayen nan da muke ɗorawa a kan yadi mu zagaye da alli. Mun tarar da su sun jiƙe sun kumbura, da na shanya kuma suka nannaɗe kamar busasshen ganye. Baba ya dube su, ya juyar da kai wajen titi, bai sake waiwayowa ba har aka tashi.

Ga shi a daidai wannan lokacin aiki ya zo. Asibitin da ke bayan tasha suna son sababbin rigunan aiki na nas-nas ɗinsu duka. Shugabarsu ce ta zo da kanta, ta ce tun tana ɗaliba Baba ke mata ɗinki, shi ya sa ta tsaya mana aka ba mu. Yadin nasu ne, kore ne da aka rina musu musamman, babu irinsa a kasuwa, kuma daidai buƙata suka kawo. Yaya, ba zan ɓoye maka ba, tun da Baba ya kwanta mutane suka janye, ana cewa mai hannun ya gama. Matan nan biyu da ke mana ɗinki yawanci zaman hira suke yi. In wannan aikin ya fita da kyau, shago ya tsaya da ƙafarsa. In bai fita ba rufewa zan yi, ban kuma san inda zan riƙa kai Baba da safe ba.

Na iya yanka, na iya ɗinki, amma fitar da kwali daga awo ba ni aka koya wa ba, kai aka koya wa. Ga awon kowa na haɗo, ga tsohuwar riga guda ta samfuri, Kawu direba zai kawo maka. Ka fitar mana a kwamfutarka, ƙarami da matsakaici da babba. Na san abin da aka faɗa maka ranar da za ka tafi. Ba shi ke roƙo ba, ni ce.

Ka amsa a takarda. Baba yana son a karanta masa, ko da zai yi kamar barci yake.

Ƙanwarka,
Auta

* * *

Auta,

Wa alaikumus salam. Saƙonki ya iso. Kawu ya kawo har ƙofar kamfani, ya tsaya ba ni labarin kowa a unguwa har mai gadi ya fara hararar motarsa. Lafiyata ƙalau gwargwadon mai wuni a kujera. Bayan yana nan, idanu ma sun bi sahu, an ba ni gilashi. Ki gaishe da Baba, ki ce ina masa sannu da jiki. Ki faɗa yadda na rubuta, kada ki ƙara masa zaƙi.

Na yi baƙin cikin kwalayen, da gaske nake. Wasunsu ni na riƙe masa gefe yana yankawa. Amma ki bar ni in faɗi abin da ke raina sau ɗaya in wuce. Ranar da na ce zan tafi koyon fitar da zane a kwamfuta, a gaban masu kawo ɗinki ya ce wanda almakashi ya fi ƙarfinsa shi ke neman inji ya ɓuya a bayansa. Tun ranar sunana ya koma Injiniya, kin kuma san ba don girmamawa ba ne. Shekarun nan duka bai taɓa tambayar me nake yi ba. Yanzu ruwa ya ci kwali, an tuna da Injiniya. To, na faɗa.

Tunda za a karanta masa, bari ya ji inda nake. Ɗaki ne mai sanyi marar taga, kowa da allon kwamfutarsa. Ina shigar da awo, manhajar kwamfutar ta fitar da gaba da baya da hannu da wuya. In na gyara hammatar matsakaici, ta gyara ta ƙarami da ta babba da kanta. Daga nan ta jera guntayen a faɗin yadi, tana cusa wannan a lungun wancan, don kada a zubar da komai. Sai a aika ƙasa, inda aka shimfiɗa yadi hawa-hawa a teburin da ya fi shagonmu tsawo, wuƙar inji ta bi layi. A kan layin take bi, Auta, ba ta kauce ko da kaurin zare. A nan ba mai ƙara komai da yatsa ko da ido, duk abin da riga ke buƙata yana cikin zanen tun daga sama.

Kada ki ɗauka yabon kaina nake. Na manta rabon da in taɓa yadi da hannuna. Rigunan da nake zanawa ban san masu sa su ba, ba wanda ya taɓa dawowa ya ce mini ta matse ko ta zauna. Da yamma in hau motar ma'aikata, in koma ɗakin da muke haya, kowa ya juya wa kowa baya. Abin da na bar gida dominsa ke nan. Shi ma ya ji, ya samu ya ce ai ya faɗa.

Aikinki zan yi. Na nemi izinin shugaban sashenmu, mutum ne mai tsami amma ba mugu ba. Ya ce in yi a lokacin hutun cin abinci, in buga a ƙarshen naɗin takardar da ake zubarwa. Awonki ya yi tsaf. Sai dai matar da kika rubuta wuyanta ya kai ƙugunta, ko ki sake aunawa, ko a duba ta tunda a asibitin take.

Ki gyara rufin kafin ki tara yadin mutane a ƙarƙashinsa.

Yayanki

* * *

Auta,

Gaisuwa, da fatan kuna lafiya ke da mai jiki. Ni ma lafiya. Ga takardun nan a naɗe, kada ki bari Kawu ya ɗora kaya a kansu. Kowane guntu na rubuta sunansa da girmansa. Kibiyar da ke tsakiya tana nuna tsayin yadi, ki daidaita ta da gefensa.

Na daɗe a kansu fiye da yadda aikin ya cancanta. Wuyan na yi shi irin na tsohuwar rigar, don na gane hannun Baba a ciki, ba wanda ke zagaye wuya haka sai shi. Sauran ma na yi su yadda ba wanda zai ce na kawo baƙon abu teburinsa. Ba sai na koya wa 'yar Baba yanka ba, shi ya sa ban cika ki da bayani ba.

In ya duba ya taɓe baki, kada ki faɗa mini. In bai taɓe ba, shi ma ba sai kin faɗa ba. Ki dai sanar da ni sun iso.

Yayanki

* * *

Auta,

Ina gaisuwa, ina fatan shirun nan na lafiya ne. Ni dai ina nan.

Kawu ya zo ya koma ya sake zuwa, hannunsa babu takarda. Na tambaye shi, ya ce bai san komai ba, shi da ya san abin da kowane gida ya dafa a unguwa. Na kira wayarki ranar hutu, tana ta ƙara ba a ɗauka.

Na zauna na haɗa abin da kaina. Baba ya ga takardun ya ce a kwashe masa su daga tebur, ke kuma kin rasa bakin faɗa mini. In haka ne ki huta, ba yau aka fara ba. Ki ba mai kantin da ke gefenku ya riƙa ƙulle kaya da su. Abin da ba zan ɗauka ba shi ne a roƙe ni abu, in hana kaina abincin rana ina yi, sannan a ɗauke mini wuta kamar na yi laifi.

In kuwa jikinsa ne ya tashi kike ɓoye mini, wannan ya fi muni, ba zan kuma yafe miki da wuri ba. Ubana ne, ko ya so ko bai so ba. Ki rubuto ko yaya ne.

Yayanki

* * *

Yaya,

Ina gaishe ka. Jikin Baba bai tashi ba, ka kwantar da hankalinka ta wannan wajen. Wannan takardar bai san da ita ba, amsarta ma ba zan karanta masa ba.

Ba shi ya ƙi takardunka ba. Ni ce na ɓata yadin mutane.

Da suka iso na shimfiɗa su, ban taɓa ganin layi mai tsabta haka ba. Na tuna abin da ka rubuta, cewa a wurinku kan layi ake bi, ba mai ƙara komai da yatsa, duk abin da riga ke buƙata yana cikin zanen. Na ce a raina, Yaya ya sha wahala, sau ɗaya dai a yi aikinsa yadda ake yinsa a wurinsu, kada a lalata masa da tsohon yayi. Sai na ɗora, na zagaye da alli, na yanka a kan allin. Yatsu biyun da Baba ke bari a bayan layi saboda ɗinki, ban bar su ba. Don in yi sauri na ninka yadin hawa-hawa yadda ka ce kuna yi. Ƙananan duka, matsakaita duka, da mafi yawan manyan.

Sai da aka haɗa ta farko na gane. Na ɗauki matsakaiciya, girmana ke nan, na shiga bayan labule. Hannu ya shiga, kafaɗa ta ƙi. Ɗaya daga cikin matan ta ce, "Anti, ko dai kin ƙara jiki ne ba mu sani ba?" Ɗayar ta ɗauki tef ta auna, ta ajiye shi a hankali, ta koma kan keken ɗinkinta.

Abin da ya fi ci mini rai, Baba ya gani. Tun almakashin farko ya fara buga sandarsa a ƙafar tebur. Na waiwaya, ya ɗaga hannun hagu, yatsu biyu a miƙe, bakinsa yana ta motsi. Tun zuwan takardun yake gunaguni, sai na ɗauka tsohon faɗan nan naku ne ya tashi. Na ce, "Baba, don Allah ka bar Yaya ya huta, sau ɗaya a yi nasa." Ya ci gaba da bugawa. Na sa aka juya kujerarsa ta fuskanci titi don in samu in yi aiki. Ni na sa aka juya shi, Yaya.

Yanzu ba ya bugun komai. A kawo shi, ya zauna, ya zuba wa buhunan da na tara guntayen ido.

Abin da ya rage na yadin bandir ɗaya ne da ɗan wani abu, wanda na ware wa sauran manyan da aljihu da wuya. Shugabar nas-nas ta aiko ana tambaya, na ce ana kai. Na kasa ɗaukar wayarka don in na ji muryarka kuka zan yi, kai kuma ba ka iya rarrashi ba. Na yanke shawara zan je in faɗa mata gaskiya, in mayar da abin da ya rage, in miƙa wa mai ginin shagon mabuɗinsa. Ka yafe wahalar da na sa ka.

Auta

* * *

Auta,

Na gode Allah da jikinsa bai tashi ba. Ni ma lafiya, in ban da kaina da ke sara tun da na karanta takardarki. A tsaye na karanta ta a bakin ƙofa, na kuma daka wa Kawu tsawa ba laifinsa, ki ba shi haƙuri.

Da farko na rubuta miki wata, na yaga. A cikinta na tambaye ki yadda macen da ta yi rarrafe a ƙarƙashin teburin nan za ta yanka riguna masu yawa haka ba ta haɗa ko ɗaya ta gwada ba. Tambayar tana nan, ban janye ta ba. Laifinki ke nan, kuma shi kaɗai ne.

Sauran nawa ne. Manhajar da kanta take ƙara rarar ɗinki a kowane gefe. Ni na shiga na cire ta da hannuna. Na ce kwalin gidanmu bai taɓa ɗaukar rara ba, a yadi ake barin ta, yatsu biyu bayan alli, ba kuma zan aika abin da Baba zai nuna da sanda ya ce Injiniya ya manta gida ba. Da na rubuta haka a jikin takardar da an wuce wurin. Ban rubuta ba, don ina so ya gane da kansa ba tare da na faɗa ba. Kin yi irin tawa don ki faranta mini, na yi irin tasa don in rufe masa baki, yadin mutane ya tafi a tsakani. Da shi nake magana a takardun nan, na manta ke ce mai riƙe da almakashin.

Batun kujerar da kika juya ba ni da bakin magana, ni da ban taɓa ɗaga shi daga gado ba.

Yanzu ki saurara, kada kuma ki kai wa kowa mabuɗi. Kada ki zubar da ko ƙyalle daga buhunan nan. Na ɗora zanen babba marar rara a kan na matsakaici a allo, na duba ta kowane gefe. Babban da kika yanka zai ba da matsakaici, matsakaicin zai ba da ƙarami, in an ɗinka da siririyar rara irin tamu ta kamfani, wadda ba ta kai yatsa ɗaya ba. Dole a bi bakin da ɗinki na biyu don kada ya warware. Matan za su yi ƙorafi, su yi. Hammata da wuya sai an ɗan gyara, na nuna wurin da jan layi. Tsawon zai gaza kaɗan, don haka maimakon kalmasa sai a ɗora ƙyalle ta ciki a rufe bakin.

Ƙananan da kika yanka ba za su zama rigar kowa ba. Daga cikinsu za a fitar da aljihu da wuya da ƙyallen ƙasan nan. Ta haka bandir ɗin da ya rage ba zai ɗauki komai ba sai jikin manyan riguna da hannuwansu. Na ba manhajar faɗinsa da tsawonsa, ta yi ta jerawa tana rushewa, ni ma na sa hannu ina tura wannan ina jan wancan. Shugaban sashe ya tsaya a bayana ya ce, "Malam, ko kamfani ba ka taɓa yi wa jeri irin wannan ba." Na ce kamfani ba ƙanwata ba ne. Ya ce in yi sauri kafin a buga ƙararrawa.

Duk da haka ba za su cika ba, manya kaɗan za su rasa. Na gwada ta kowace hanya. Don haka zuwa wurin shugabar nan yana nan, amma ki je da riguna a hannu, ki faɗa mata abin da ya faru tun daga farko, har da nawa. Kada ki ɗauki nawa ki ɗora wa kanki.

Sababbin takardun layi biyu ne a kowane guntu. Na ciki na ɗinki, na waje na almakashi, na rubuta a jiki da manyan baƙaƙe. A gefen manyan rigunan na bar rara cikakkiya irin tasa. Na gwada rage ta, hakan bai ƙara ko riga ɗaya ba, shi kuwa yakan ce a bar wa mutum wurin ƙiba, kuma a nan yana da gaskiya. Faɗin ba kintata na yi ba. Ina yaro yakan danna yatsunsa biyu a yadi ya ce in duba da kyau. Wata rana na sa tef na auna su, ya ranƙwashe ni ya ce idona yake koya wa, ba tef ba. Awon yana kaina har yau, shi na shigar.

Ki haɗa ɗaya ki gwada kafin ki taɓa sauran. Ki kuma juyo da kujerarsa.

Yayanki

* * *

Yaya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kan ya daina sara. Muna lafiya. Ka yi haƙuri da jinkiri, wannan karon aiki ne ya hana ni, ba tsoro ba.

An kai riguna. Na haɗa ɗaya na gwada yadda ka ce, ta zauna. Matan sun yi ƙorafin siririyar rarar har kunnena ya gaji. Ɗaya ta ce wanda ya zana wannan bai taɓa zama a keke ba, na ce ya zauna tun kafin ki san inda ake zura zare. Amma sun yi, sun kuma yi da kyau.

Na je wurin shugabar da kaina, na faɗa mata komai, nawa da naka. Ta jujjuya riga, ta leƙa cikinta, ta ja ɗinkin da ƙarfi. Sannan ta yi mini faɗa sosai. Ta ce me ya hana ni zuwa tun ranar da abin ya faru, ta ce ita aka sa wa ido don ita ta kawo mu. Na tsaya na sha. Da ta huce ta tambayi su wa suka rasa, na ce manya ne. Ta ce to ita ce babbar cikinsu a muƙami da kuma a awo, ita da sauran za su lallaɓa da tsofaffin rigunansu har a rina wani yadin. Ba ta yi alkawarin wani aikin ba. Amma wata nas ta kawo ɗinkin 'ya'yanta, wata ta kawo na mijinta. Shago yana buɗe. An gyara rufin.

Na samo sabon kwali, na manna takardunka, na yanka a layin waje, na huda don ratayewa. Kafin in rataye na kai wa Baba gaban babbar riga na ɗora masa a cinya. Na karanta masa takardarka duka, har wurin da ka ce ka yi don ka rufe masa baki. Na ce ba zan karanta ba amma na karanta, ka yi haƙuri. Ya daɗe yana kallon layukan biyu. Sai ya ɗaga hannun hagu, ya ɗora yatsunsa biyu a tsakaninsu.

Ba su cika wurin ba, Yaya. Da sauran fili, kusan a sa na uku. Ya buɗa su, ya haɗe su, ya sake dannawa. Na ce ko Yaya ya yi kuskuren awo ne. Ya girgiza kai. Ya juya hannun yana kallonsa gaba da baya, kamar na wani ne aka ba shi ajiya. Ni da nake wanke hannun nan kullum ban lura ya koma haka ba, sai da na gan shi a kan awonka.

Ya faɗi wata magana, na kai kunne, ban kama ba. Ba zan ƙirƙira maka ba. Amma bai bar ni na karɓi kwalin ba sai da aka tashi.

Ƙanwarka,
Auta

* * *

Auta,

Na gaishe ku, lafiya lau nake. Madalla da aikin. Ki gode wa matan nan, ki ce wa mai maganar keke na ji, kuma ba ta yi ƙarya sosai ba.

Awon ba kuskure. Na sake dubawa, ko da yake na san ba sai na duba ba. Hannun da na sani ke nan, wanda ke ɗaga bandir shi kaɗai, wanda ya ranƙwashe ni. Da shi nake ta faɗa a raina shekarun nan, ashe ba ya nan.

Ban ce ya yi daidai a abin da ya faɗa mini ba, ba zan kuma ce ba don kawai ya rame. Na gode da ba ki sa masa magana a baki ba.

Na nemi hutu. Shugaban sashe ya ce lokacin aiki ne, in na tafi ba ya tabbatar mini kujerata za ta jira. Na ce na ji. Zan biyo Kawu a zuwansa na gaba, in kunnuwana sun kai gida lafiya.

Kada ki rage faɗin rarar, ki bar ta yadda take. Kada kuma ki faɗa masa ina zuwa, kada ya ɗauka wata magana nake jira ya yi. Ki dai bar mini ɗaga shi ranar da safe, ni zan kai shi shago.

Yayanki